Gidan Zanzaro a Ƙarƙashin Murhu

Na sha ba da labarin nan a bakin shagona ana shan shayi, kuma duk lokacin da na ba da shi akwai wuri ɗaya da nake juya shi. Yanzu furfura ta fara fito mini, ɗiyar da ake magana a kanta ta shiga aji huɗu a lakwal, makarantar boko, ni kuma na gaji da juyawar. Zan rubuta shi yadda ya faru. Karatuna bai yi nisa ba, a aji shida na tsaya, wanda ya ga rubutun ya karkace ya yi haƙuri.

Sana'ata gyaran injin ban ruwa. A Birnin Konni nake zaune, amma rabin shekara ina cikin garaken albasa tsakanin nan da Malbaza, ina durƙushe gaban injin wani. Mutane sun san ni da hannu. Abin da ya gagari wasu, in aka kawo mini, nakan buɗe shi in ga cikinsa, kuma ban taɓa jin tsoron buɗe wani abu ba. Na daɗe ina ɗaukar wannan abin alfahari.

Matata 'yar wani ƙauye ce a ƙasar Illela. Lokacin da abin ya faru shekararmu takwas da aure, babu ɗa a gidan. Ciki uku ta yi. Biyu sun zube tun ba su kai ko'ina ba. Na uku ya cika watanninsa, ya zo namiji, bai yi kuka ba. Ni na ɗauke shi a hannuna cikin ɗan farin ƙyalle zuwa maƙabarta. Daga ranar muka daina maganar haihuwa a tsakaninmu, ba don mun yi shawara ba, bakin ne kawai ya yi nauyi. A daminar da nake ba da labari tana ɗauke da ciki na huɗu, wata uku, ni ban sani ba.

Murhun da abin ya faru a kansa na gas ne, mai baki huɗu, da ɗan tanderu a ƙasa. Na same shi wajen wani malamin lakwal da aka yi wa canjin wurin aiki. Na gyara masa injin wuta, ya ce in ɗauki murhun, ba zai shiga motar kaya ba. Amalanken jaki ya kawo shi gida da rana tsaka, kuma da gangan na ce a bi ta babbar hanya. Na gaya wa mutane saboda idon matata na kawo shi, hayaƙin kara yana sa ta hawaye. Akwai gaskiya a ciki, amma kaɗan ce. Na fi son a ce a gidana ake girki ba hayaƙi.

Ta karɓe shi da ladabi. Ta ɗinka masa mayafi mai fure, ta koyi kunna shi, shekara guda tana yi masa hidima kamar baƙo. Baki biyu take amfani da su, na gaba, don na baya suna ba ta tsoro. Sai a ƙarshen bazara gas ya ƙare. Ta gaya mini, na ce gobe. Ta sake gaya mini, na ce gobe. Ruwa ya sauka, na tafi gona shuka, na dawo, na koma noman fari, tukunyar gas tana nan wofi a bayan ƙofa. Ya fi wata biyu murhun bai ga wuta ba. Ita ta koma kan duwatsunta uku a tsakar gida, ba ta ƙara tuna mini ba.

A cikin wannan zaman banzan ne zanzaro ya samu wuri. Akwai 'yan ramuka a bayan murhun inda iska ke shiga. Ta nan yake wucewa da laka a bakinsa, yana ɗebowa daga gindin randa. Ita tana gani kullum. Ni da ba na shiga madafa sai da dalili, ban gani ba.

A garinsu akwai maganar da tsofaffi ke yi: zanzaro ba ya gini sai a ɗakin da ciki ya shiga, kuma wanda ya fasa masa gida kafin 'ya'yansa su fita, ya fasa cikin. Na san maganar, na taɓa jin ta a bakin kakarta, na yi dariya. Ban taɓa zaton matata, mai salla a kan lokaci, mai azumin Litinin da Alhamis, tana riƙe da ita a zuci ba. Yanzu na gane wanda ruwa ya ci sau uku, ko kara aka miƙa masa kamawa zai yi.

Da na kawo gas daga ƙarshe, na ɗaura tiyo, na ce ta ɗora tukunya, sai ta ce tuwo ya fi daɗi a kan itace. Washegari ta ce warin gas yana tayar mata da zuciya. Ko wannan bai sa na yi tunani ba. Na kunna da kaina in gani. Bakin dama na gaba ya kama. Na hagu ya ba da wuta ja mai baƙin hayaƙi. Na baya ɗaya ya ƙi kamawa sam, sai huci. Na ce zan duba, na mayar da mayafin, na manta.

Ranar wata Juma'a bayan an sauko masallaci, taubashina ya biyo ni gida cin abinci. Ɗan ƙanwar babana ne, mai walda, bakinsa ba linzami, kuma tsakanina da shi al'ada ta ba shi dama ya faɗi abin da ya ga dama. An yi ruwa da safe, karan ya jiƙe. Muna zaune a rumfa ya hango matata durƙushe tana hura wuta, hayaƙi ya rufe ta, tana goge ido da gefen mayafi. Ya leƙa madafa ya ga murhun a lulluɓe, kwanoni a jere a kansa.

Ya ce, "Bawana, ashe tebur ka sawo muna a amalanke, muka bi ka da kallo? Kai da kaka tada injin da ya shekara cikin rijiya, naka murhu ya hi ƙarhinka?"

Ya ɗaga murya ya gaida matata, ya ce ta yi haƙuri, in ta gaji da wannan bawan nasa ta gaya masa ya sayar da shi a kasuwar Illela ya sawo mata itace busasshe. Ta yi dariya a cikin hayaƙin. Ni ma na yi, amma tuwon bai shiga ba. Da yamma labarin ya riga ni zuwa bakin shago. Kowa ya zo sai ya tambaye ni lafiyar tebur.

Washegari da hantsi ban fita aiki ba. Na ɗauko jakar kayan aiki na shiga madafa, na kwashe kwanonin, na yaye mayafin. Tana wankin wake a tsakar gida. Da ta ji ƙarar ƙarfe ta taso ta tsaya a bakin ƙofa da ƙwaryar a hannu, ta ce don Allah in bar shi har kaka. Na tambaye ta dalili. Ta dubi ƙwaryar hannunta. Na ce in babu dalili ta koma kan wakenta.

Ba ta koma ba. Tana tsaye na yi aikin duka.

Na fara rufe kan tukunyar gas, na zare tiyo. Na kwashe ƙarafan da ake ɗora tukunya a kansu, na cire hulunan bakunan huɗu da kawunansu, na jera a kan tabarma yadda suke a murhun don kada su rikice mini. A ƙarƙashin kowane kai akwai bis biyu, ƙusoshin nan da ake murɗawa, da suka riƙe farantin saman. Tsatsa da romon miya sun cinye su. Na ɗiga musu kananzir na jira. Bakwai suka kwance da turnabis, ƙarfen murɗa su, na takwas kansa ya lalace, sai da na yanka masa sabuwar tsaga da guntun zarto. Duk da haka farantin bai ɗagu ba. Na lalubi gefensa na gaba na gane akwai 'yan ƙarafa biyu masu tsalle da suka cije shi daga ciki. Na miƙa hannu na ɗauki wuƙarta ta yankan albasa, na zura a tsakanin, na danna na dama, na danna na hagu. Farantin ya yi tsalle. Na ɗaga shi kamar yadda ake buɗe gaban mota, na rasa abin tokarewa, na ɗauki muciyarta na tokare.

Ina tuna daɗin da na ji a lokacin, daɗin da nakan ji duk sadda abu rufaffe ya buɗe mini. Ƙarƙashin farantin akwai dattin shekaru: ƙwayoyin shinkafa da suka ƙone, busasshiyar madara, mataccen kyankyaso, da wani ƙaramin cokalin shayi da ba namu ba, na gidan malamin lakwal. Siraran bututu huɗu sun tashi daga gaba, kowanne ya nufi bakinsa. A kusurwar hagu ta baya kuwa ga gidan zanzaro, ya kai dunƙulen hannun yaro, na jar laka, ɗaki-ɗaki a manne da juna kamar rumbunan ƙauye. Ya hau kan bututu biyu daidai inda iska ke haɗuwa da gas. Ɗaki ɗaya bai ma bushe ba, bakinsa a buɗe.

Na yi dariya na ce ga ɓarawon. Na kai turnabis na ɗora bakinsa a gindin ginin.

Ta ce, "Malam, kak ka taɓa."

Ban taɓa jin ta yi mini magana da wannan muryar ba. Na juyo. Ruwan wake yana ɗiga daga ƙwaryar a kan ƙafarta, ba ta sani ba. A nan maganar kakarta ta faɗo mini, na gane abin da take tsoro, na ce mata ashe wannan camfin ne ya sa aka mayar da ni abin dariya a gari. Na ce me zanzaro zai tsare a gidan da babu komai.

Ta sunkuyar da kai ta ce, "Wata ukku ke nan ban yi hwashin salla ba."

Ga wurin da nake juya labarin. A bakin shago nakan ce na riga na fasa kafin ta yi magana, da ta faɗa da wuri da ban taɓa ba. Masu saurare sai su ce ai laifin mata ne da ɓoye-ɓoye. Ƙarya nake yi. Ta faɗa ginin yana nan lafiya. Na ji, na fahimta sarai. Na tsaya kamar na numfashi uku, turnabis a hannuna.

Na daɗe ina binciken abin da ya shiga zuciyata a cikin numfashin nan uku. Akwai murna, ba zan musa ba. Akwai tsoro, don farin ƙyallen nan ya dawo mini. Amma abin da ya fi ƙarfi haushi ne. Gida ɗaya muke kwana, wata uku tana salla a gabana ba fashi ban lura ba, ƙwaro ya riga ni sani. Sannan na ga in na mayar da farantin na rufe, gobe me zan ce wa taubashina? Na ce mata, "Ciki na Allah ne, ba na zanzaro ba." Na danna.

Maganar gaskiya ce. Hannun da ya bi ta ne ba na gaskiya ba.

Ginin ya ɓare gida biyu, sannan ya ruguje. 'Yan tsutsotsi kore suka zubo a kan ƙarfen, waɗanda zanzaron ya tara wa 'ya'yansa, tare da wasu farare masu taushi da ke motsi a hankali. Ana haka uwar ginin ta shigo ta taga da laka a baki, ta yi ta kewaya wurin tana neman abin da ta bari. Na kore ta da hula.

Matata ba ta yi kuka ba. Ta ajiye ƙwaryar a ƙasa, ta shigo, ta sa hannu ta tattara ɓaraguzan daga cikin murhun, har da tsutsotsin, ta fita da su. Na ɗauka zubarwa za ta yi. Ni kuma na ci gaba da aikina, don ban san abin da zan yi ba in na tsaya. Na busa bututun, na zura siririyar waya a 'yan hancinan tagulla da gas ke fitowa, na goge ko'ina da tsumma, na cire muciyar, na mayar da farantin har ƙarafan suka cije, na ɗaure bis bakwai. Na kunna. Bakuna huɗu suka kama, wuta shuɗiya tsaf, ba hayaƙi. Aikin ya yi kyau. Na kira ta ta gani, ta zo ta gani, ta ce sannu da aiki. A kansa ta dafa waken ranar, saboda na ce.

Daga nan gidan ya canza, ba da hayaniya ba. Ba ta yi yaji ba, ba ta ƙi gaishe ni ba, abincina bai taɓa makara ba. Amma ta fara tafiya kamar mai ɗauke da ƙwarya cike da nono a kan turɓaya. In ta shiga bayan gida nakan ga ta daɗe, ta fito tana kallon ƙasa, sai in gane dubawa ta yi. Abinci ya daina shiga. Ciki yana girma, ita tana ramewa, wuyanta ya fito. In na tambaye ta jiki, ta ce da sauƙi. Na sayo mata hanta, na sayo kifi, na sayo lemo, ta karɓa da hannu biyu ta yi godiya, in dawo in tarar an ba yaran maƙwabta.

Na je wajen limamin unguwarmu, dattijo ne mai sanyin magana, na ba shi labarin, shi ma a juye. Ina son ya ce na yi daidai. Ya ce lalle zanzaro ba ya riƙe rai, ba ya sakinsa, wannan babu shakka. Sannan ya tambaye ni ko don in gyara mata aƙida na fasa, ko don wani abu dabam. Ya ce in don aƙida ne, ai ana gyara ta da baki a cikin kwanaki, ba da ƙarfe a cikin minti ɗaya ba. Na ce masa don aƙida ne. Ya dube ni, ya ce to Allah Ya sa, ya ci gaba da jan carbinsa.

A wata na biyar ta ga ɗan jini. Na kai ta likita a kan babur, ina tafiya kamar mai ɗauke da ƙwai. Ungozomar ta duba ta ce cikin yana nan, amma jinin uwar ya yi ƙasa, kuma da gani ba ta barci, ba ta ci. Ta tambaye ni ko akwai abin da ke damunta a gida. Na ce babu. Matata ma ta ce babu.

Labari ya kai ƙauyensu, kakarta ta aiko a kawo mata ita. Goyon ciki a gidan iyaye na cikin fari ne, wannan kuwa na huɗu ne, don haka na san mutane za su ce wani abu ya faru. Na so in ƙi. Da na dubi wuyanta sai na ɗauki shatar mota.

Kakar tsohuwa ce ƙarama, ido ɗaya ya mutu, tana zaune a kan buzu a gindin rumbu tana ɓarar gyaɗa. Tun da na auri jikarta take kirana angonta, ni ma ina ce mata amarya. Na durƙusa na gaishe ta. Ta bar ni a durƙushe ta gama ɓarar da ke hannunta.

Ta ce, "Angona, an ce ka yi yaƙi ka ci. Da bindiga ka tai, ko da takobi? Zanzaro guda, kai kaɗai, ba mai taimako. Ai sai mu yi maka kiɗi."

Matan gidan suka yi dariya daga bayan danga. Na ce amarya a yi mini rai. Ta ce ita ba ta da rai na bayarwa, ta tsufa. Sannan ta rage murya, ta ce ita kanta ba ta sani ba ko maganar zanzaro gaskiya ce, haka ta taras ana faɗi. Ta ce abin da ta sani shi ne yarinyar nan ta samu abu ɗaya da take kallo kowace safiya hankalinta ya kwanta, na zo na ɗauke, ban ajiye mata komai a wurin ba. Ta ce in tashi in tafi, gwiwata za ta yi ciwo.

Wata huɗu matata ta yi a can. Na yi alkawari zan riƙa zuwa kowace ranar kasuwa. Da farko na cika. Da aka fara dashen albasa aiki ya taso, injuna suna mutuwa ko'ina, waya ba ta hutawa, sai na fara tsallake mako, har na tsallake uku a jere. Aikin gaskiya ne, amma na ji daɗin samunsa. Zama a gabanta ya fi mini wuya da kwance inji a cikin taɓo. In na je, mukan zauna a inuwar rumbu, ta tambaye ni gida, in tambaye ta jiki, in ajiye abin da na kawo in tashi. Sau da yawa a kan hanya na shirya kalmomin neman gafara, in na iso sai in ga kamar in na faɗa na yarda cikin zai zube ne. Sai in haɗiye.

Ni ma tsoron ya kama ni, wannan ban taɓa gaya wa kowa ba. Ni da na ce camfi ne, duk sadda waya ta yi ƙara sai gabana ya faɗi. In na ga zanzaro a garka yana ɗibar laka a bakin kwalbati, sai in kau da kai. Murhun kuwa ban ƙara kunna shi ba, a bakin tasha nake cin abinci.

Wata safiya cikin sanyi, ina wata garka kusa da Malbaza, hannuna dumu-dumu da baƙin mai, ƙanen matata ya kira. Mai garkar ne ya riƙe mini wayar a kunne. Ya ce an sauka, mace. Na kasa tambayar abin da nake son tambaya. Shi ma ya gane, ya ce in saurara, ya matsa da wayar. Na ji kukan, siriri kamar na ɗan akuya. Na zauna a cikin kwarin albasar mutumin, ruwa yana bi ta ƙarƙashina, ban tashi ba sai da ya kama ni.

Ƙarama ce ƙwarai, amma lafiyarta lau. Ranar suna, bayan an yanka rago an watse, kakar ta aika a kira ni bayan ɗaki. Ta ciro wani ɗan ƙulli na tsumma daga cikin zanenta ta miƙo mini, ta ce in karɓi kayana. Ta ce a ƙarƙashin matashin jikarta ta same shi, tun daga Konni ta zo da shi a ɗaure a bakin zane, da shi ta yi naƙuda a hannu. Na kwance. Jar ƙasa ce, ta zama gari saboda riƙo. Tsohuwar ta ce yanzu jikarta ba ta da bukatarsa, in je in gina masa gidansa in na iya, tunda an ce ni mai gyara ne.

Na zo da ƙullin gida na zuba a gindin randa, inda aka ɗebo shi. Abin da na iya ke nan.

Bayan arba'in matata ta dawo. Da hantsi ne, tana zaune a kan tabarma tana ba ɗiyar nono, na zo na zauna nesa kaɗan, na ce ta yafe mini. Ban yi dogon bayani ba, ita ma ba ta tambayi na mene ne ba. Ta ce ta yafe tun ranar, kafin waken ya nuna, don ta ji tsoron in ta riƙe ni a zuci nauyin zai sauka a kan cikin. Ta ce yafewar ba ta yi mata wuya ba, tsoron ne ta rasa inda za ta ajiye. Ta gyara wa ɗiyar kai ta tambaye ni ko zan kawo gas, ko ta hura kara.

Na kawo gas. Har yau a kan murhun take girki, baki biyu na gaba. Bis na takwas ban taɓa mayar da shi ba, kusurwar tana ɗan rawa in an ɗora babbar tukunya.

Muna zaune lafiya, ba wanda zai shigo gidana ya ce akwai wani abu. Amma bayan shekara uku ta sake samun ciki, na ɗanmu namiji, kuma a bakin matar taubashina na ji, wata biyar, bayan duk matan unguwa sun sani. Da mahaifinta ya kwanta ciwo, sai da ta shirya kaya ta zo neman izinin tafiya na sani. Haƙorinta ya yi mako yana ciwo, ɗiyar ce ta gaya mini. Ba ɓoyewa take yi da gayya ba. In na tambaya takan faɗa. Ita dai ba ta fara kawo mini magana, ni kuma ba kullum nake sanin abin da zan tambaya ba.

A shekarun aurenmu duka, sau ɗaya ta buɗe baki da kanta ta ba ni abin da ke can cikin ranta, a bakin ƙofar madafa, da ƙwaryar wake a hannu. Na san amsar da na ba ta. Yanzu nakan lura da sallarta, nakan lura da abin da ta rage a kwano, nakan dawo gida da wuri in zauna kusa da inda take aiki ba tare da na ce komai ba, ko za ta fara. Wani lokaci takan ɗago ta dube ni, ta ce ko ina son shayi ne. In ce e, ta tashi ta ɗora.